Wunmi Mosaku: haihuwar Zariya, tashin Manchesta, da shekarun da ba a lissafa mata

"Assalamu alaikum Malam. Ni ɗaliba ce a Samaru, ina karantar wasan kwaikwayo. Tun da fim ɗin Sinners ya fito ake ta yaɗa hoton Wunmi Mosaku a Facebook, ana cewa 'yar Zariya ta ci Hollywood da yaƙi. Da gaske tamu ce? Kuma yaya mutum zai fito rana tsaka haka ya zama tauraro? In akwai hanyar da ta bi, irina za ta iya binta?"

Wa alaikumus salam, 'yata. Tambaya uku kika haɗa a ƙulli ɗaya: asalinta, yadda ta kai inda ta kai, da ko za ki iya taka sawunta. Ta farko mai sauƙi ce. Ta biyu kuwa akwai gyara a cikinta, domin ba a cewa "rana tsaka" ga matar da ta yi shekara 18 tana aiki kafin mu fara yaɗa hotonta. A kan wannan zan fi daɗewa, saboda can ne amfanin yake ga ɗaliba irinki.

Batun asali

An haife ta a Zariya a shekarar 1986, wannan gaskiya ne. Iyayenta Yarabawa ne, malaman jami'a, kuma cikakken sunanta na yanka Oluwunmi. Tana da shekara ɗaya a duniya iyalin suka tashi zuwa Manchesta a arewacin Ingila, can ta yi wayo, can ta yi karatu, kuma in tana magana a hira, karin harshen mutanen Ingila za ki ji. Ke da kike Samaru kin san ba abin mamaki ba ne a haifi Bayarabiya a Zariya. Garin ilimi ne, ya daɗe yana tara malamai daga kowace kusurwa ta ƙasar nan da wajenta, 'ya'yansu da yawa kuma cibiyarsu na nan binne duk da rayuwa ta kai su nesa.

Saboda haka in an ce haifaffiyar Zariya ce, an faɗi daidai. In an ce Bazazzagiya ce ko Bahaushiya, an ƙara gishiri. Jarumar Birtaniya ce 'yar asalin Najeriya, kuma sana'arta kacokan a Birtaniya ta koye ta. Ba na jin haushin masu cewa tamu ce, in mutum ya samu ai danginsa yawa suke yi. Abin da ba na so shi ne ɗaliba ta ɗauka ruwan Kubanni, rafin nan na Zariya, shi ne ya yi aikin, ta manta da abin da ya yi shi.

Tsanin da ta hau

Matakin farko ba ma wasan kwaikwayo ba ne, waƙa ce. Ta yi shekaru masu yawa, fiye da goma, a ƙungiyar mawaƙan 'yan mata ta Manchesta. Mai kallo ba zai ga muhimmancin wannan ba, amma duk wanda ya taɓa horar da 'yan wasa ya san yarinyar da ta tashi tana waƙa cikin jama'a ta riga ta koyi abu biyu da muke shan wahalar koyarwa: riƙe numfashi, da sauraron na kusa da ita. Mai waƙa a cikin ayari ba ta isa ta ɗaga murya yadda ta ga dama ba, dole kunnenta ya kasance a kan sauran. Ki riƙe wannan magana ta sauraro, zan dawo kanta.

Ta sha ba da labarin yadda ta san makarantar da ta shiga. Tana yarinya ta ƙwallafa rai a kan wani fim na waƙe-waƙe mai suna Annie, na 1982, tana kallonsa ba dare ba rana. Da lokacin zaɓen makomar karatu ya zo, sai ta bi sunayen 'yan wasan cikinsa, ta tarar da Albert Finney mutumin Salford ne, garin da ke manne da Manchesta, kuma a RADA ya yi karatu. Ta ce ashe ɗan maƙwabta ma ya iya. RADA ita ce makarantar koyon wasan kwaikwayo da aka kafa a Landan a 1904, tana cikin mafiya tsauri a ƙasar, dubbai ke nema a ɗauki 'yan kaɗan. Ta samu shiga, ta gama a 2007. (Ikon Allah, rawar da ta fito da ita duniya shekaru bayan haka, sunan matar Annie.)

Shekara uku ake yi a irin wannan makaranta, kuma yawancinsu ba a gaban kyamara ba. Murya ake gyarawa, da tafiya, da tsayuwa, da yadda ake warware rubutu layi bayan layi a gano me mai maganar ke nema daga wanda yake yi wa magana. Ana koyar da karin harsuna daban-daban, shi ya sa za ki ga mace ɗaya ta fito 'yar Sudan, ta fito 'yar Legas, ta fito 'yar Misisipi. A shekarar ƙarshe ɗalibai kan yi wasanni a gaban wakilan 'yan wasa da masu zaɓen jarumai, daga nan mai rabo ke samun wakilin da zai riƙa nemo masa aiki. Wannan shi ne babban bambancinsu da mu. A can akwai ƙofa da aka sani, da layi da aka sani. A nan sau da yawa sai wanda ka sani.

Daga makaranta dandamali ta fara hawa, a wani ƙaramin gidan wasa na gabashin Landan da ake kira Arcola, cikin wani tsohon wasa na marubucin Sifaniya Calderón. Sannan talabijin. A 2009 ta fito a Moses Jones na BBC, labarin 'yan sanda da ya shafi 'yan Uganda mazauna Landan. A 2010 tashar Channel 4 ta nuna I Am Slave, inda ta ja ragamar fim ɗin a matsayin Malia, yarinyar tsaunukan Nuba da aka sace tana ƙarama, aka bautar da ita a wani gida a Kartum, daga baya aka tura ta Landan ta ci gaba da bauta a gidan dangin uwargijiyarta. An gina labarin ne a kan rayuwar Mende Nazer. Uban yarinyar a fim ɗin ɗan kokawa ne, ya bar komai ya shiga birni neman 'yarsa. Wanda ya san Sudan zai ji fim ɗin a jikinsa.

Za ki zaci daga nan sai sama. Ba haka aka yi ba. Abin da ya biyo baya shi ne shekaru na ƙananan rawa: 'yar sanda mai taimaka wa babba a Vera na ITV a 2011, 'yar fitowa kaɗan a Philomena a 2013, wata 'yar fitowar a babban fim ɗin Batman da Superman a 2016, ma'aikaciyar kamfani a wani kashi na Black Mirror. Waɗannan su ne shekarun da masu yaɗa hoto ba sa lissafawa, kuma a ganina su ne suka gina ta. Mai ƙaramar rawa ba ta da damar gyara kuskure a fitowa ta gaba, domin wataƙila babu ta gaba. Ana kiranta lokeshan kwana biyu, ta tarar kowa ya saba da kowa, a ba ta minti uku ta sa mai kallo ya yarda cewa wannan matar tana da gida da dangi da abin da ya dame ta jiya. Wadda ta yi wannan sau ashirin ba ta ɗaya da wadda aka ɗora a kan fosta tun fim ɗinta na farko.

Gloria Taylor

Idan kina son ganin inda aikin ya nuna, nemi Damilola, Our Loved Boy, wanda BBC ta nuna a 2016. Damilola Taylor yaro ne ɗan shekara 10 haifaffen Legas. Mahaifiyarsa ta kawo shi Landan a 2000 tare da 'yan uwansa, saboda neman maganin farfaɗiya ga yayarsa. Watanni kaɗan da zuwansu, a ranar 27 ga Nuwamba, aka soke shi a ƙafa da fasasshiyar kwalba a unguwar Peckham, jini ya ƙare masa a matakalar wani bene. Sai a 2006 aka samu wasu 'yan uwa biyu da laifin kisan, bayan shari'o'i da suka gajiyar da iyalin. Uwar, Gloria, ta rasu a 2008.

Wunmi ce ta fito a matsayin Gloria, tana da shekara 30 kacal tana wasan uwar manyan 'ya'ya. Babou Ceesay ya fito a matsayin mijin, Richard. Fim ɗin bai tsaya kan 'yan sanda da bincike ba, cikin gida ya shiga: uban da ya iso daga Najeriya da fushi yana neman wanda zai ɗora wa laifi, babban ɗan da ke ganin sakacinsa ne, 'yar da ke ganin ciwonta ne ya kawo su, sai uwa a tsakiya tana riƙe da kowa, ita ba mai riƙe ta. Wannan rawar ce ta ba ta lambar BAFTA ta talabijin, babbar lambar yabo ta Birtaniya, a 2017, a rukunin mataimakiyar jaruma.

Na sha sa ɗalibaina su kalli fim ɗin nan an kashe sauti. Dalilina shi ne, in an ce wa 'yan wasanmu "an kashe ɗanki", kusan dukkansu abu ɗaya suke yi: hannu a ka, faɗuwa ƙasa, birgima, kururuwa. Ba cewa nake ba a yin haka a gidan makoki ba. Ana yi. Amma ke ma kin je gidan rasuwa, kin san uwar mamacin sau da yawa ita ce mafi shiru a ɗakin, ana ta shigowa gaisuwa tana amsawa, har ma tana tambaya ko an kai wa baƙi ruwa. Kukan sai dare, ko sai ranar da ta ci karo da takalminsa a bayan ƙofa. Wunmi irin wannan uwar ta yi. Tana ƙoƙarin kada ta fashe, kuma ƙoƙarin ne ke karya zuciyar mai kallo.

Akwai wani gwaji da nake yi a aji. Nakan zaunar da ɗalibai biyu, ɗaya ya yi ta magana minti biyu, ɗayar kuma aikinta sauraro kawai, kyamara a kan fuskarta. Da wuya a samu wadda za ta kai rabin minti ba ta fara aiki da gira ba, ko girgiza kai, ko tafa hannu, don tana tsoron in ta yi shiru za a ce ba ta yin komai. Wata shekara na samu wata yarinya da ta kasa wannan gwaji sau huɗu. A na biyar na miƙa mata tulin wanki na ce ta riƙa ninkewa tana sauraro. Hannunta ya samu abin yi, fuskarta ta huta, sai ga maganar tana shigarta a fili. Abin da Wunmi ta fi ƙwarewa a kai ke nan. Ki kalle ta lokacin da wani ke magana, ba lokacin da take yi ba. Ba jiran layinta take ba, ji take yi, kuma amsar tana fara fitowa a idonta kafin ta kai baki. Ina kyautata zaton tun daga ayarin waƙar nan ta taho da shi.

Me ya sa sai da ta tsallaka Amurka

Ga inda tsanin Birtaniya ke da gajarta. Ƙasar ta iya horar da ɗan wasa, tana da gidajen wasa, tana da BBC da ake riƙewa da kuɗin lasisin talabijin da jama'a ke biya, abin da ke ba ta damar yin fim irin na Damilola ba tare da tunanin kasuwa kawai ba. Amma babbar hajar da take sayar wa duniya ita ce labaran zamanin da, na gidajen sarauta da masu hannu da shuni, waɗanda aka daɗe ana shirya su babu baƙar fata a sahun gaba. Sai ya zama an horar da mutum sosai, an ba shi lambar yabo, amma babbar rawa ba ta zuwa. Baƙar jarumar Birtaniya Marianne Jean-Baptiste ta shiga takarar Oscar da fim ɗin da ta yi a 1996, duk da haka Amurka ta koma ta samu aiki mai ɗorewa. Idris Elba sai da ya yi The Wire a can kafin Birtaniya ta ba shi Luther. David Oyelowo ma haka. A 2014 baƙin ɗan wasan barkwanci Lenny Henry ya tsaya a zauren BAFTA ya yi dogon jawabi a kan wannan matsala.

Wunmi ma bayan lambarta ta ci gaba da fitowa mataimakiya, har da 'yar sanda a gefen Idris Elba a zango na biyar na Luther a 2019. Shekarar 2020 ce ta juya al'amura, da ayyuka biyu. Ɗaya na Amurka ne, Lovecraft Country na HBO, inda ta fito Ruby, mawaƙiya a Shikago ta shekarun 1950, wadda aka ba wani magani da ke mayar da ita farar fata na ɗan lokaci, ta ɗanɗana yadda duniya ke buɗe wa wasu ƙofa. A nan waƙar yarinta ta yi mata rana kai tsaye. Ɗayan na Birtaniya ne, His House, na darakta Remi Weekes, ita da Sope Dirisu, mata da miji 'yan gudun hijira daga Sudan ta Kudu da aka ba wani ruɓaɓɓen gida a Ingila, abin da suka gudo wa kuma ya biyo su har cikin bango.

A nawa ma'aunin, His House ne aikinta mafi kyau, har gaban Sinners. Fim ɗin tsoro ne, amma wuraren da suka fi zama mini a rai babu aljani a cikinsu. Akwai inda mijin, mai ɗokin zama Bature, ya kawo cokali mai yatsu ya ce su daina ci da hannu, ita kuwa ta kai loma ta ce ƙarfe kawai take ji a bakinta. Akwai inda likita ke yaba zanen da ke jikinta, sai ta bayyana mata a natse cewa wani tun tana yarinya aka yi mata, wani kuma ita ta yanka wa kanta, don ƙabilu biyu ke kashe juna a garinsu, ta ɗauki alamar kowanne domin ta tsira. Ba ta ɗaga murya ba, ba ta zubar da hawaye ba, likitar ce ta rasa inda za ta sa idonta. Mu da muka san me aska ke nufi a fuskar mutum, da yadda a ranar rikici ake duba fuska da suna kafin a tambayi komai, ba ma buƙatar a fassara mana wannan fitowar. Rawar ta kai ta takarar BAFTA ta fim a rukunin babbar jaruma, ta kuma ci lambar finafinai masu zaman kansu ta Birtaniya.

Daga nan sai Loki a 2021, inda ta shiga duniyar Marvel, kamfanin manyan finafinan jarumai masu ƙarfin ban mamaki, wadda ke kawo kuɗi da sanayya ko da ba ta cika ba ɗan wasa wurin nuna gwaninta ba. Sai We Own This City a 2022, tana lauyar gwamnati mai binciken 'yan sandan Baltimore. Sai Sinners na Ryan Coogler a 2025: Misisipi ta 1932, tagwaye biyu da Michael B. Jordan ya fito a matsayinsu, ita kuma Annie, matar ɗayansu, mai maganin gargajiya da tsibbu irin na baƙaƙen kudancin Amurka, wadda ta binne jaririyarta, kuma ita ce ta fara gane irin masifar da ke tsaye a bakin ƙofa. Ta faɗa a hirarraki cewa binciken rawar ya kai ta ga tushen waɗannan al'adu a addinin gargajiyar Yarabawa, abin da ta tashi ba ta san shi sosai ba. Zan yi miki hannunka mai sanda: fim ɗin da ma Lovecraft Country suna da fitowar batsa da zubar da jini da sha'anin tsafi, ba na kallo da ƙanne ba ne, kuma ke kika san iyakarki.

Tsallakawar nan ma ba ta rasa masu ƙorafi ba. A 2017 Samuel L. Jackson ya yi magana a kan yadda ake ba baƙaƙen Birtaniya rawar baƙaƙen Amurka, alhali ba su tashi cikin wannan tarihi ba. Ƙorafin yana da tushe, ko da ban yarda da shi duka ba, domin in aka bi shi zuwa ƙarshe, ba wanda zai fito sai a matsayin kansa. Muna da irinsa a nan duk sanda aka ba wanda ba ya jin Fulatanci rawar Bafulatani ya mayar da ita abin dariya. Abin dubawa shi ne ko ɗan wasan ya yi wa mutanen da yake wakilta adalcin zama ya koya.

Ke fa?

A nan zan tsaya inda sanina ya tsaya. Ni mai horar da 'yan wasa ne a gida, ban taɓa aiki a masana'antar Birtaniya ba, ita kuma a allo kawai na san ta, hukuncina duk daga abin da na gani ne. Ba zan kuma yaudare ki ba: ta tashi a ƙasar, tana da takardun zama, tana da karin harshen, makarantar tana tafiyar jirgin ƙasa daga gidansu. Ke kuwa kafin ki kai bakin wannan ƙofa akwai biza, akwai kuɗin makaranta na ɗaliban waje mai nauyin gaske, akwai tsadar zaman Landan. Wasu na samun tallafi su je, amma ba tsari ba ne da zan ce ki jingina rayuwarki a kansa. Kuma duk wanda ya tuntuɓe ki a intanet ya ce shi wakili ne, ki turo kuɗi a sa ki a tantancewar wani fim na waje, ɗan damfara ne. Wakilin gaske kasonsa yake cira daga abin da aka biya ki bayan kin yi aiki.

Abin da ke ɗaukuwa daga labarinta ba ya buƙatar fasfo. Kina Jami'ar Ahmadu Bello, makarantar da ke da gidan wasa na ginin ƙasa wanda tun shekarun 1970 ake fita daga cikinsa a kai wasa ƙauyuka, wannan horo ne da kuɗi ba ya saye, domin manomi in wasa bai yi masa ba tashi yake ya tafi. Ki hau wannan dandamali duk sanda aka ba ki dama, ko da rawar mai kawo ruwa ce. Ki nemi wasan rediyo, nan ake gane wanda ya mallaki muryarsa, kuma manyan 'yan wasanmu na da irin su Samanja ta nan suka gogu. Ki koyi Hausar Sakkwato da ta Damagaram da ta Gaya yadda ita ta koyi karin Misisipi, ki iya fitowa kowacce ba tare da kin mai da ita abin ba'a ba. In an zo batun irin rawar da za ki karɓa da wadda za ki ƙi, ki yanke wannan tun yanzu tare da iyayenki, kada ki bari sai kina tsaye a lokeshan an kunna fitila.

Ga aikin da zan ba ki na wannan makon. Ki samo fitowar asibitin nan ta His House, ki kalle ta sau uku: da sauti, babu sauti, sannan ki rufe ido ki saurari muryar kawai, ki lura da inda take jan numfashi. Bayan haka ki jingina wayarki a taga, ki sa ƙawarki ta ba ki labarin wani abu da ya ɓata mata rai na tsawon minti biyu, ke kuma kada ki ce uffan. Ki turo mini abin da kika ɗauka, in ga girarki.